Waye Baƙo A Gusau? Tsokaci Kan Asali Da Abin Da Muka Kasa Rubutawa

 

'Yan'uwa, abin da ya sa na ɗauki alƙalami yau wani al'amari ne da ya faru a gidanmu, wanda har yanzu bai bar ƙirjina ba. Wani ƙanena, ɗan baffana, ya nemi auren wata yarinya a cikin gari. Yaron nan ya sauke Alƙur'ani, yana da sana'arsa, yarinyar tana sonsa, mahaifinta ma bai ƙi ba. Aka kai gaisuwa, aka karɓa. Bayan mako uku sai aka maido da kaya, da saƙon cewa dattawan gidan sun yi bincike, ba su sami wani aibu ga yaro ba, amma "ba a san asalinsu ba, jirgi ne ya kawo su." Ba zan faɗi gida ko unguwa ba, domin ba tonon asiri ya kawo ni ba, kuma na san akwai gidaje da yawa a Gusau da Tsafe da Bunguɗu da aka faɗa musu wannan magana, ko su suka faɗa wa wasu.

Da farko na fusata. Daga baya na zauna na tambayi kaina: to in da ni aka kira gaban dattawan nan aka ce in kawo asalin namu, me zan ce? Na san sunan mahaifina, na san na kakana. Daga nan sai na tsaya cik. Mutumin da ya yi karatun boko har jami'a, wanda ya iya jero maka sarakunan Ingila da ya haddace don cin jarrabawa, ga shi ya kasa wuce mutum biyu a salsalarsa. Wannan kunya ita ta fi maido da kayan ciwo a gare ni.

Bari mu fara da garin kansa, tun da shi ake kira a matsayin shaida. Gusau ba tsohon birni ba ne irin Kano ko Katsina. Malam Sambo Ɗan Ashafa, almajirin Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo, shi ya kafa ta a farkon ƙarni na 19, bayan ya taso da jama'arsa daga yankin 'Yandoto. 'Yandoto kuwa, wadda kufanta ke kusa da Tsafe, ita ce tsohuwar cibiyar malamai ta ƙasar Katsina, wadda ɗalibai ke zuwa daga nesa neman ilimi, har zuwa lokacin da Muhammadu Bello ya yaƙe ta wajen shekarar 1806, malamanta suka watse. Mai karatu ya duba sarautun kawai ya gani. Sarkin Gusau ana kiransa Sarkin Katsinan Gusau. Na Tsafe ana kiransa 'Yandoton Tsafe. Na Bunguɗu ana kiransa Sarkin Fulanin Bunguɗu. Duka ukun, sunan sarautar yana nuna wani wuri ko wata jama'a da aka taso daga cikinta. Har sunan Gusau ɗin, abin da aka fi faɗa shi ne daga kalmar "gusa" ya samo asali. Garin da sunansa ke nufin matsawa daga wani wuri zuwa wani, shi ne a yau ake tantance wanda ya zo da wanda aka tarar.

Ba ina rage darajar gidajen da suka zo tare da Malam Sambo ba ne, Allah Ya kiyaye. Su suka sare daji, suka gina ganuwa, suka sha fama da hare-hare kusan ƙarni guda. Abin da nake cewa shi ne tazarar da ke tsakanin mai cewa "mu ne 'yan gari" da wanda ake ce wa "jirgi ya kawo ku" ba ta wuce shekara ɗari da 'yan kai ba. A ma'aunin tarihi wannan kamar wanda ya riga ka shiga masallaci da raka'a ɗaya ne.

Sai Turawa suka zo, ƙasar ta sake motsawa. A watan Fabrairun 1903, bayan sun ci Kano, rundunar Kanawa da ke komawa gida daga Sakkwato ta haɗu da sojojin Ingila a kusa da Kwatarkwashi, nan ƙasar Bunguɗu, inda Wazirin Kano Ahmadu ya yi shahada. Ranar 15 ga Maris aka yi karon Giginya, Sakkwato ta faɗi. Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya yi hijira ya nufi gabas, ya bi ta Gusau, mutane suna barin gonakinsu da gidajensu suna bin sa, har aka kashe shi a Burmi a watan Yulin wannan shekara. Waɗanda suka tsira suka ci gaba, da yawansu suka zauna a Sudan, a garin Mai Wurno da ke bakin kogin Nilu. Ke nan a yau akwai mutane a Sudan da kakanninsu suka fito daga wannan yanki namu, can ma ana kiransu baƙi, Fallata, bayan shekara ɗari da ashirin. Duk sanda na tuna da wannan sai in ji nauyin kalmar da muke jifan junanmu da ita.

Amma babbar ƙaurar da ta canza fuskar Gusau ita ce ta jirgin ƙasa. Turawa sun ja layin dogo daga Zariya, ya bi ta Funtuwa da Tsafe da Gusau, ya ƙare a Ƙaura Namoda a 1929. Ba don son mu suka yi ba. Gyaɗa da auduga da fatu suke so su kwasa zuwa Ikko, daga can zuwa Ingila. Kamfanonin Turawa suka buɗe kantuna, aka kafa injin gurzar auduga, Kwarori suka zo sayen gyaɗa, Yarbawa da Inyamurai suka zo aikin akawu da tela da kanikanci suka zauna Sabon Gari. Hausawa da Nufawa da Barebari daga wasu larduna suka cika Tudun Wada. Daga arewa kuma, mutanen ƙasar da ke hannun Faransa suka riƙa tsallako iyaka suna gudun aikin tilas da ɗibar soja, domin Faransa ba ta soke aikin tilas a ƙasashen da ta mallaka ba sai a 1946. Ga kuma yunwa. Tsofaffi a wasu sassan ƙasar Hausa suna kiran yunwar 1942 da suna 'Yar Gusau, saboda nan mutane suka nufo neman hatsi. Wasu sun sayi abin da za su saya sun koma. Wasu sun zo cin rani da niyyar komawa da faɗuwar ruwa, damina ta riske su a nan, suka yi aure, suka haihu, suka mutu aka binne su a nan.

Kakana yana cikin waɗannan. Da na rasa wanda zan tambaya, sai na tafi wurin Gwaggo, yayar mahaifina, wadda ta haura shekara tamanin. Aurenta a wani ƙauye ne na ƙasar Tsafe, ta yi fiye da shekara hamsin a can, sai da 'yan bindiga suka tashi ƙauyen aka dawo da ita gari, tana zaune a ɗaki ɗaya da jikokinta. Na durƙusa na gaishe ta, na ce, "Gwaggo, sunan kakanmu na biyu nake so ki faɗa mini, wato mahaifin Baba Tsoho." Ta dube ni ta ce, "Babana, mi za ka yi da waɗanga tsohin zantuka?" Babana take kirana domin sunan mahaifinta aka sa mini, kuma tun da nake ban taɓa jin ta furta sunan ba.

Nan na gane wata matsala da ban taɓa lura da ita ba. Kunyarmu, wadda abu ce mai kyau, ita ce kuma take cinye sunaye. Mace ba ta faɗin sunan mijinta, ba ta faɗin na ɗan farinta, ba ta faɗin na surukinta. Yaron da aka sa wa sunan kaka sai ya zama Abba ko Baba ko Maigari har ya tsufa. Bayan zuriya biyu sai laƙabi ya tsaya, sunan yanka ya ɓace. Ga kuma abin da makarantar boko ta ƙara mana: tun zamanin En'e aka saba rubuta yaro da sunan garinsu a maimakon na mahaifinsa, shi ya sa muke da Aminu Kano da Shehu Shagari da Sa'adu Zungur, kuma shi ya sa dubban mutane suke ɗauke da Gusau ko Tsafe ko Bunguɗu a ƙarshen sunansu. Sunan gari yana faɗa maka inda aka sa yaro makaranta. Ba ya faɗa maka ɗan wane ne.

Da ƙyar, da wasa da dariya, da goro, Gwaggo ta buɗe baki. Ta ce mahaifinta daga wajen Tasawa ya fito, shi da wansa, da dare suka gudo saboda an rubuta su aikin hanya. Wan ya tsaya a wajen Jibiya, shi kuma ya ƙaraso Gusau ya zama ɗan dako a tashar jirgi, yana ɗora buhunan gyaɗa a kan wagunu. Sunan mahaifinsa ba ta faɗa da bakinta ba, sai ta ce, "Sunan Annabin da kifi ya haɗiye." Na rubuta. Sa'an nan ta rage murya ta ce mahaifiyarsa ba 'ya ba ce, an kamo ta ne tana yarinya daga kudu, kuma a gidan ba a taɓa son a yi maganar ba. Ta ce, "Kar ka rubuta wannan."

Na rubuta, kuma na gaya mata na rubuta. Ga dalilina.

Turawan da suka mallake mu suna da wata ɗabi'a da ya kamata mu duba da idon basira. Tun 1538 aka wajabta wa kowace majami'a a Ingila ta riƙe littafin da ake rubuta haihuwa da aure da mutuwa. Da mutanensu suka fara ƙaura zuwa Amurka, da wannan ɗabi'a suka tafi. Jirgin ruwan nan Mayflower da ya sauka a 1620 yana ɗauke da fasinja 102, kusan rabinsu suka mutu a hunturun farko, kuma bayan shekara talatin shugabansu William Bradford ya rubuta sunayensu gida gida, ya bi jerin ya rubuta wanda ya mutu da wanda ya hayayyafa. A tsakanin 1630 da 1640 wasu kimanin dubu ashirin suka bi bayansu. Yau Ba'amurke yana iya zama gaban kwamfuta ya bi salsalarsa har zuwa ƙauyen da kakansa na goma ya fito a Ingila. Mutanen nan su ma gudun hijira suka yi, wasu gudun matsin addini, wasu gudun talauci, ba su fi kakana daraja ba. Bambancin kawai, an rubuta nasu.

Amma dubi abin da ba su rubuta ba. A ƙidayar jama'ar Amurka ta 1850 da ta 1860, bayi baƙar fata ba a rubuta sunayensu ba. Ana rubuta sunan ubangidan, sa'an nan a jera a ƙarƙashinsa: namiji, shekara kaza; mace, shekara kaza. Jikokin waɗannan mutane har yau suna cin karo da bango idan sun zo wannan wuri a bincikensu. Mutanen ƙasar da aka tarar, waɗanda aka ƙwace wa filaye, su ma ba su shiga waɗannan kyawawan littattafai ba sai a matsayin abokan gaba. A 1897 jikokin fasinjojin Mayflower suka kafa ƙungiya wadda ba ka shiga sai ka kawo hujjar jini. Wato rubutun da aka fara don tunawa ya koma ƙofa mai makulli. Idan za mu koyi rubutun daga gare su, to kada mu koyo da makullin, domin namu makullin ma ya ishe mu.

Mu ma haka muke yi da baki, ba da alƙalami ba. Dokar Lugga ta ce duk yaron da aka haifa bayan 31 ga Maris 1901 ɗa ne, kuma a 1936 aka soke bauta gaba ɗaya a Arewa. Yau shekara kusan casa'in ke nan, amma har yanzu idan zancen aure ya taso akwai tsohuwar da za a aika ta shinshino ko akwai igiya a gidan. Saboda tsoron wannan shinshine, sai gidaje suka koyi goge kakanni mata daga labari, suka koyi ɗinka wa kansu asali. Kowa ka taɓa, kakansa Bafillace ne da ya zo da tuta, ko Sharifi ne daga Fas, ko malami ne daga Barno. Ina Maguzawan da suka musulunta? Ina maƙera da majema da masaƙa? Ina dubban mutanen da aka kamo aka zuba a rumada suka noma abincin da aka yi jihadi da karatu da shi? Ba su haihu ba ne? Sun haihu. Mu ne.

A nan ne lamarin ya shafi addini, kuma a nan nake so matasa 'yan'uwana su tsaya su yi tunani. Musulunci bai ce a watsar da nasaba ba. Sayyidina Abubakar, Allah Ya ƙara masa yarda, an san shi da sanin nasabar Ƙuraishawa fiye da kowa. Malamanmu na nan ma sun kula da ita: Sarkin Musulmi Bello ya kawo asalin ƙabilu da garuruwa a Infaƙul Maisuri, Waziri Junaidu ya rubuta Tarihin Fulani. Shari'a tana bukatar nasaba a wurare na zahiri. Ba a raba gado daidai sai an san asaba, kuma duk wanda ya taɓa zama a kotun shari'a ya ga yadda gona ɗaya take raba zuriya saboda babu wanda zai iya tabbatar da ko wane wa ne ko ɗan wa. Ba a san muharrami sai da ita. Ga shayarwa, wadda a mazhabarmu ta Malikiyya ko sau ɗaya nono ya isa cikin jariri ya haramta aure. A zamanin yunwa da ƙaura mata nawa suka shayar da 'ya'yan maƙwabta, kuma wa ya riƙe lissafin in ba irin su Gwaggo ba? A Sahihul Buhari akwai labarin Uƙbatu ɗan Harisu, wanda wata mata ta zo bayan ya yi aure ta ce ta shayar da shi da matarsa, kuma Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umurce shi da rabuwa da ita. Sai kuma zumunci: zuriyar wan kakana da ya tsaya Jibiya jinina ne, haƙƙinsu yana kaina, kuma ba zan iya sada zumuncin da ban san da shi ba.

Wannan shi ne amfanin nasaba. Abin da addini ya hana shi ne ainihin abin da muka mayar da ita. Hadisi ingantacce ya lissafa alfahari da asali da sukar nasabar mutane a cikin al'adun jahiliyya da za su daɗe a cikin al'umma. Wani hadisin ya yi gargaɗi mai tsanani ga wanda ya jingina kansa ga wanda ba ubansa ba alhali yana sane, kuma ina ganin mai ƙirƙiro wa gidansu kakan ƙarya ya kamata ya ji tsoron wannan. Aya ta 13 a Suratul Hujurati kowa ya haddace ta, ana karanta ta a wajen ɗaurin aure ma, wani lokaci a gidan da aka kori wani saboda asali a watan da ya wuce. Imamu Malik bai sa nasaba cikin sharuɗɗan dacewar miji da mata ba. Addini ya duba, da kuɓuta daga aibin da ke hana zaman aure. Kuma Annabi da kansa ya shawarci Faɗimatu 'yar Ƙaisu, Baƙuraishiya, ta auri Usamatu ɗan Zaidu, wanda mahaifinsa 'yantaccen bawa ne. Muna kiran kanmu Malikawa a wajen sakin hannu da ƙabalu da ba'adu, amma da an zo maganar 'yarmu sai mu nemi wata mazhabar da ba ta cikin littafi.

Wani zai ce, ai bincike kafin aure wajibi ne, kuma gaskiyarsa. A bincika halin yaro, da sallarsa, da abin da yake ci, da lafiyarsa, da yadda gidansu ke riƙe mata. A yi gwajin jini saboda sikila, wanda ya fi tambayar garin da kaka ya fito amfani nesa ba kusa ba. Wani kuma zai ce tono irin wannan tarihi zai ba masu gori makami. Wannan ita ce hujjar Gwaggo, kuma ban raina ta ba, domin ita ta rayu da gorin, ni labari nake ji. Amma ɓoyewar da aka yi shekara ɗari ba ta hana a maido da kayan ƙanena ba. Abin da ta yi kawai shi ne ta raba mu da sunan wata baiwar Allah da aka sato tana yarinya, ta rayu cikin mutanen da ba nata ba, ta haifi wanda ya haifi kakanmu, kuma babu mai ambatonta a addu'a.

Hukuma ma ta sa hannu a wannan ciwo. Tsarin mulkin 1999, a sashe na 42, ya hana a nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda inda ya fito ko yanayin haihuwarsa, amma neman makaranta da aiki da shiga soja duk sai da takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma. Jihar Zamfara kanta a 1996 aka ƙirƙiro ta. Akwai Bayaraben da aka haifi kakansa a Sabon Garin Gusau tun Zamfara tana cikin Lardin Sakkwato, wanda Hausarsa ta fi tawa zaƙi, amma idan an zo rabon gurbi sai a nuna masa hanyar Ogbomosho, garin da bai taɓa kwana ba.

Abin da ya sa nake ganin maganar ba ta jiran gobe shi ne halin da ƙauyukanmu suke ciki. Fiye da shekara goma ke nan ana tashin garuruwa a ƙasar Tsafe da Bunguɗu da Maru da sauransu. Ana lissafin rayuka da shanu da kuɗin fansa, kuma ya kamata a lissafa. Abin da ba a lissafawa shi ne tsohon da ya san iyakar kowace gona da wanda ya haifi kowa, wanda aka kwaso aka ajiye a kangon wani a Gusau, baƙin ciki ya kashe shi cikin wata shida. Ranar da zaman lafiya ya dawo, in Allah Ya yarda, mutane za su koma su tarar da gonaki babu shaidu. Kuma 'ya'yan da ake haifa yau a gudun hijira, nan da shekara sittin wani zai ce wa jikokinsu ba a san asalinsu ba.

Masu son zurfafawa, akwai littafin Gusau Ta Malam Sambo, akwai takardun Lardin Sakkwato a gidan adana takardun tarihi na ƙasa da ke Kaduna, inda rahotannin da Di'o-Di'o suka rubuta don tsara haraji suke ɗauke da labarin kafuwar garuruwa da jerin hakimai, sai dai a karanta su da sanin cewa mai karɓar haraji ne ya rubuta, daga bakin wanda ke kan sarauta a ranar. Akwai kuma gidan tarihi na Waziri Junaidu a Sakkwato. Amma talaka irin kakana ba ya cikin waɗannan. Nasa tarihin yana bakin tsofaffin gida, kuma wayar da kake karanta wannan rubutu da ita tana ɗaukar murya. Ka nemi izini tukuna, ka tambayi sunan yanka da laƙabi, ka tambayi ɓangaren uwa kamar yadda ka tambayi na uba, ka tambayi wa ya sha nonon wa. Idan tsohuwa ta ƙi furta suna, ka kira sunaye tana girgiza kai har ka dace.

Ni dai littafina mai bango shuɗi yanzu yana da shafi goma sha ɗaya. Na kai mutum huɗu ta wajen uba, uku ta wajen uwa. A gurbin kakar nan tamu na rubuta laƙabin da Gwaggo ta ce ana kiranta da shi a gidan, na bar fili a gabansa. Gwaggo ta ce akwai wata tsohuwa a wajen Jibiya, jikar wan kakana, wadda in tana raye za ta fi ta sani. Na sami wanda zai raka ni bayan Sallah, idan hanya ta yi kyau, kuma ƙanen nan nawa ya ce da shi za a je.